Cécile Decugis

Cécile Decugis (1930–2017) editar fim ce 'yar ƙasar Faransa, wato mai yanka hotunan da aka ɗauka tana jera su har su zama labari. A masana'antar finafinan Hausa akan kira wannan aiki tace hoto, amma ba shi da alaƙa da aikin hukumar tace finafinai. An fi saninta da finafinan Nouvelle Vague, sabon salon da matasan daraktocin Faransa suka ɓullo da shi a ƙarshen shekarun 1950.

Aiki da Godard

Ita ce ta haɗa À bout de souffle, fim ɗin Jean-Luc Godard na 1960. Haɗin farko ya yi tsawo da yawa. Bisa al'ada, fitowa guda ake cirewa ɗungurungum. Su kuwa sai suka riƙa gutsure ɗan lokaci daga tsakiyar hoto ɗaya, kyamara ba ta sauya wuri ba, sai hoton ya riƙa yin tsalle. An fi ganin haka inda Jean Seberg ke zaune a mota ana zagaya Paris: titin da ke bayanta yana sauyawa kwatsam, hira kuma ba ta yanke ba. A da ana ɗaukar irin wannan yanka a matsayin kuskure. Yawanci Godard kaɗai ake yaba wa a kai, ko da yake sunanta ne a rubuce a matsayin edita.

Ɗauri

A 1960, tana tsaka da haɗa Tirez sur le pianiste na François Truffaut, aka kama ta saboda ta kama hayar gida ga 'yan ƙungiyar FLN masu yaƙin ƙwatar 'yancin Aljeriya. An yanke mata shekara biyar, ta yi biyu a kurkuku. Claudine Bouché ce ta ƙarasa fim ɗin.

Aiki da Rohmer

Daga Ma nuit chez Maud (1969) zuwa Les Nuits de la pleine lune (1984) ta kasance editar Éric Rohmer. Salon nan ya sha bamban da na Godard. Finafinan Rohmer na doguwar hira ne, don haka gwanintar tana wajen zaɓar lokacin barin fuskar mai magana a koma ga mai sauraro, ba tare da mai kallo ya lura an yanka ba.