Rigar Ɓawon Itace

'Yar'uwa, shin kin taɓa jin an saƙa riga da ɓawon itace? To, gyara zama ki sha labari.

Can arewacin ƙasar Japan akwai wani tsibiri mai tsananin sanyi, ana ce da shi Hokkaido. A nan wata al'umma mai suna Ainu take zaune tun kaka da kakanni, harshenta daban, suturarta daban. Tufarsu ta gado ita ce attus. Sai a shiga daji a ɓantaro ɓawon wata itaciya da ake kira ohyo, a cire na cikin, a jiƙa ko a dafa har ya yi laushi, a tsage shi siriri-siriri, a riƙa ƙullawa ana murzawa har ya zama zare. Haɗa zaren nan ma ya fi saƙar cin lokaci. Sannan mace ta kafa turke, ta ɗaura ɗaya bakin a ƙugunta, ta duƙufa saƙa.

In an ɗinka rigar sai a yi mata aiki a wuya da bakin hannu da gindi. Akwai zane murɗaɗɗe mai suna moreu, akwai mai kama da ƙaya, aiushi. A imaninsu zanen nan yana tare mugun abu kada ya shiga jiki. Uwa ce ke koya wa 'yarta.

Ana nan, a 1869 gwamnatin Japan ta mayar da tsibirin ƙarƙashin mulkinta kacokan. A 1871 aka hana mata zanen da suke yi a kewayen baki. A 1899 aka kafa dokar da ta tura su noma, yara kuwa aka sa su makarantar da Japananci kaɗai ake yi. Ga yadin auduga ya wadata. Da yawa har ɓoye asalinsu suka riƙa yi don gudun gori.

Amma matan ƙauyen Nibutani, a bakin kogin Saru, ba su yar da sana'ar ba. Wajen shekarun 1960 masu yawon buɗe ido suka yi ta sayen attus, saƙa ta koma hanyar samun na cefane. Wani ɗan ƙauyen, Kayano Shigeru, ya bi gida-gida yana tara kayan gargajiya, ya buɗe gidan adana su a 1972. A 1994 ya zama Ba'ainu na farko a majalisar dokokin Japan.

Sannu ba ta hana zuwa. A 1997 aka soke tsohuwar dokar nan. A 2013 gwamnati ta sa attus na Nibutani cikin sana'o'in gargajiyar ƙasa. A 2019 doka ta amince Ainu 'yan asalin wurin ne, a 2020 kuma aka buɗe babban gidan tarihinsu, Upopoy, a garin Shiraoi.

Sai dai kash! Harshen bai ci irin wannan sa'a ba. Tun 2009 hukumar UNESCO ta sa shi cikin harsunan da ke gab da mutuwa. Saƙa kuwa ta rayu, don kullum ana samun yarinyar da za ta zauna kusa da tsohuwa tana kallon hannunta.

To 'yar'uwa, in akwai tsohuwar da ta iya kaɗi ko saƙa a gidanku, ɗauki tabarma ki matsa kusa da ita tun tana da ƙarfin nuna miki.