Labarin Rama da masu sake faɗarsa

Ina ajin CM1 lokacin da na fara kallon Hum Saath-Saath Hain a ɗakin goggona a Maradi. Faifan ya sha kallo har ya kakkarce, amma duk daren da aka samu wuta sai an sa shi. Ga wanda bai gani ba: wani attajiri ne mai ƴaƴa maza uku da mace ɗaya, babban ɗan kuma na matarsa ta fari ne wadda ta rasu. Gida na zaune lafiya, sai ƙawayen matar gidan su uku suka hure mata kunne, wai in ba ta tashi tsaye ba ɗan kishiya zai gaje komi. Babban ya ɗauki matarsa ya bar gidan ba tare da ya ɗaga murya ba, autan ya bi shi, na tsakiyan kuwa, wanda Salman Khan ya fito a madadinsa, ya ƙi hawa kujerar da aka ƙwato dominsa. A daidai wurin nan goggo ke fara share hawaye, tana cewa Allah ya raba mu da zugar ƙawaye.

Sai bara, a jami'a, na gane abin da muke kallo. Ashe fim ɗin nan na 1999 Ramayana ce aka sa wa kwat aka ba ta mota. Babban ɗan shi ne Rama, wanda aka kora daji shekara 14. Matar gidan ita ce Kaikeyi, ƙawayen uku kuwa kuyangarta Manthara ce aka raba gida uku. Autan Lakshmana ne. Na tsakiyan shi ne Bharata, wanda ya ɗora takalman wansa a kan karaga ya ce shi riƙon ƙwarya yake yi. To, tun daga nan na shiga bin sawun abin. Ba wa'azin addinin kowa zan yi ba, tarihin labari nake bi, kuma abin da na samu shi ne: sake faɗar waɗannan labarai daɗaɗɗen abu ne, da shi suka rayu. Abin da zamani ya ƙaro shi ne yunƙurin a tsai da faɗa ɗaya a ce ita ce ta gaskiya.

Manyan waƙoƙin biyu da harshen Sanskirit aka tsara su. Ramayana, wadda ake jingina wa Walmiki, baiti ne wajen 24,000 cikin littafi 7: an kori Rama, sarkin Lanka mai suna Rawana ya sace matarsa Sita, Rama ya ƙwato ta da taimakon rundunar birai da Hanuman. Mahabarata, wadda ake jingina wa Wiyasa, ta fi ta girma nesa ba kusa ba, don al'ada na ƙirga mata baiti 100,000 cikin littafi 18. Rigimar gado ce tsakanin ƴaƴan wa da ƙane, Pandawa su biyar da Kaurawa su ɗari, da ta ƙare da yaƙin kwana 18 a filin Kurukshetra. Masana na ganin an ɗauki ƙarnuka ana tara su, tun kafin haihuwar Annabi Isa (AS) har bayanta.

Sanskirit harshen malamai ne, talaka ba ya cefane da shi. Shi ya sa kowace al'umma ta maida labarin cikin bakinta, kuma duk wanda ya maida sai ya taɓa. A ƙarni na 12 Kamban ya rubuta tasa da Tamil, a kudu. A wurinsa Rawana bai taɓa jikin Sita ba, da ƙasar da take tsaye a kai ya ɗauke ta. A 1574 Tulsidas ya fara Ramcharitmanas da Awadi, harshen yankin Ayodhya, ya sa wata inuwar Sita ce aka sace, ya kuma tsallake wurin da Rama ya kore ta tana da ciki saboda tsegumin mutanen gari. Mabiya addinin Jain na da tasu, inda Lakshmana ne ya kashe Rawana, don jaruminsu na gaske ba ya zubar da jini. A wani labarin mabiya Buddha, Rama da Sita wa da ƙanwa ne. A Tailan, inda aka tsara Ramakien a 1797 zamanin sarki Rama na ɗaya, Hanuman mai neman mata ne, alhali a Indiya an san shi da ƙin aure. A tsibirin Java, inda Musulmi suka fi yawa, har yau ana wasan inuwar ƴartsana da jaruman Mahabarata. Kai, ko sarki Akbar, Musulmi, a 1582 ya sa aka fara fassara Mahabarata da Farisanci, aka sa mata suna Razmnama, wato littafin yaƙi. Shi kansa zanen da Lakshmana ya yi a ƙasa ya ce wa Sita kar ta tsallake, wanda kowane Ba'indiye ya sani, babu shi cikin Walmiki.

Masu nazarin harshe, wato mutanenmu, su ne suka fara neman tushe ta hanyar ilimi. A 1919 cibiyar Bhandarkar da ke birnin Pune ta fara tattara rubutattun kofen Mahabarata, ana gwada baiti da baiti don a gano abin da ya fi tsufa. V. S. Sukthankar ya ja ragamar aikin har rasuwarsa a 1943, ba a kammala ba sai 1966, bayan an duba kofe 1,259, aka buga juzu'i 19. Ka san abin da ya faru? Wasu wuraren da jama'a suka fi so ba su shiga gundarin matanin ba. Labarin cewa Ganesha mai kan giwa ne ya rubuta waƙar da hannunsa ya koma gefe. Haka ma addu'ar da Draupadi, matar Pandawa, ta yi wa Krishna lokacin da ake ƙoƙarin tuɓe ta a fada bayan mijinta ya sa ta a caca ya faɗi. Aikin ya zama ginshiƙi ga masana, amma bai hana kowa ci gaba da faɗar nasa ba.

Marubutan zamani kuwa wata hanya suka bi: suka ɗauki magana suka ba waɗanda aka kayar ko aka rufe wa baki. A 1861, ana cikin mulkin Ingilishi, Michael Madhusudan Dutt ya rubuta Meghnad Badh Kavya da Bengali, ya mai da ɗan Rawana jarumi mai kare ƙasarsa, wanda Lakshmana ya kashe yana wurin bauta ba makami a hannunsa. A ƙasar Tamil, Periyar ya karanta Ramayana a matsayin labarin mamayar da ƴan arewa da manyan dangi suka yi wa ƴan kudu. Bayan raba Indiya da Pakistan a 1947 da kashe-kashen da suka biyo, Dharamvir Bharati ya rubuta wasan Andha Yug, ya tsaya a ranar ƙarshe ta yaƙin Kurukshetra, inda ba wanda ya ci sai gawa. A 1967 Shivaji Sawant ya ba Karna baki da harshen Marati, wannan ɗan da uwarsa ta yar a kogi, aka raina shi don mai tuƙa keken doki ne ya goya shi. A 1984 littafi biyu suka fito: M. T. Vasudevan Nair ya faɗi labarin ta bakin Bhima da Malayalam, Pratibha Ray kuma ta faɗe shi ta bakin Draupadi da Odiya, macen da aka raba wa maza biyar ba a tambaye ta ba.

Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne gajeren labarin Mahasweta Devi na 1978. Draupadinta, Dopdi, ƴar ƙabilar Santal ce cikin ƴan tawayen manoma. Sojoji suka kama ta suka yi mata fyaɗe. Babu wani abin bauta da ya sauko mata da zane. Da aka ba ta tufa sai ta yaga, ta tunkari babbansu a haka, shi ne tsoro ya kama.

Labarin ya biyo ta kusa da mu ma. A 1985, a bikin wasan kwaikwayo na Avignon a Faransa, Peter Brook da Jean-Claude Carrière suka nuna Mahabarata ta awa tara da Faransanci, da ƴan wasa daga ƙasashe da dama. Bhishma, dattijon da ya rantse ba zai yi aure ba kuma ba zai yi sarauta ba, Sotigui Kouyaté ne ya fito a madadinsa, maroƙin gado ɗan Burkina haifaffen Bamako. Bhima kuma Mamadou Dioumé ne na Senegal. Wasu masana a Indiya, irin su Rustom Bharucha, sun yi suka cewa Bature ya kwashi kayan mutane ya zubar da ma'anarsu. Tambayar wa ke da ikon faɗar labarin ta taso kenan, amma a lokacin da baƙo ake yi.

Bayan shekara biyu sai abin ya dawo cikin gida. Daga Janairun 1987 zuwa Yulin 1988, Doordarshan, gidan telen gwamnati, wanda a lokacin ba shi da abokin takara, ya nuna Ramayan ta Ramanand Sagar kashi 78, kowace Lahadi da safe. Tituna kan zama wayam, wasu sai sun yi wanka sun rataya wa tele furanni kafin su zauna. Masu shara a wasu biranen arewa, waɗanda ke ɗaukar Walmiki a matsayin ubangidansu, har yajin aiki suka yi don a ƙara kashin da shi Walmikin ke fitowa. Daga 1988 zuwa 1990 Mahabharat ta B. R. Chopra ta biyo, kashi 94, kuma wanda ya rubuta zantukanta Musulmi ne, Rahi Masoom Raza. A karon farko mai jin Tamil da mai jin Bengali da mai jin Gujarati suka ga Rama ɗaya, da fuska ɗaya, yana magana da Hindi mai cike da kalmomin Sanskirit, akasari bisa faɗar Tulsidas. Masaniyar tarihi Romila Thapar ta yi kashedi tun lokacin cewa idan hukuma ta ɗaga faɗa ɗaya, sauran za su dushe.

Siyasa ba ta yi jinkiri ba. A Satumban 1990 L. K. Advani na jam'iyyar BJP ya tashi daga Somnath cikin motar da aka yi wa ado kamar keken yaƙin jaruman da, yana kiran a gina wa Rama ɗakin bauta a Ayodhya, a wurin da masallacin Babri na ƙarni na 16 yake. A zaɓen 1991 wadda ta fito a Sita da wanda ya fito a Rawana duk suka zama ƴan majalisa a BJP. Ranar 6 ga Disamban 1992 aka rushe masallacin, rikicin da ya biyo ya ci mutum kimanin 2,000, mafi yawansu Musulmi. Ba zan ce tele ce ta rushe shi ba, don rigimar filin ta girme ta da shekaru masu yawa, amma ta ba masu gangami hoton da kowa ya riga ya sani. A 2019 kotun ƙoli ta ba Hindu filin, aka buɗe ɗakin bautar a Janairun 2024, a shekarar kuma Arun Govil, Raman tele, ya ci zaɓen majalisa.

Yanzu bari in koma ga abin da ya jawo ni cikin wanga magana. A. K. Ramanujan masanin harshe ne kuma mawaƙi, ya koyar a jami'ar Chicago. Yana da wata maƙala da aka buga a 1991, sunanta da Hausa "Ramayana Ɗari Uku", inda ya jera ire-iren faɗar da na ambata a sama. Ya ƙi kiransu kofe ko reshe, don waɗannan kalmomi na nuna akwai uwa ɗaya da sauran suka kauce mata. Ya ce kowanne faɗa ce. A 2008 ɗaliban wata ƙungiya mai alaƙa da BJP suka afka wa sashen tarihi na jami'ar Delhi saboda ana koyar da ita. A 2011 majalisar malaman jami'ar ta cire ta daga manhaja, duk da yawancin masanan da aka sa su duba sun ce a bar ta. A 2021 labarin Dopdi ma ya bi ta, aka cire shi daga manhajar Ingilishi ta jami'ar. Ramanujan bai ƙirƙiri komi ba, abin da magabata suka rubuta ya ƙirga.

A ajinmu ana koya mana cewa daidaitaccen harshe na da amfani, da shi ake buga littafi a karanta daga Tahoua har Kano. Ana kuma koya mana cewa bai fi karin Ader ko na Damagaram tsufa ko gaskiya ba, zaɓarsa aka yi. Haka nake kallon Raman tele. Masu sonsa na da hakkinsu, kuma dole in yarda cewa abin da ni nake kira labari, ga miliyoyin mutane ibada ce, don haka zafin da suke ji in an taɓa shi na gaske ne. Sai dai Kamban da Tulsidas su ma masu ibada ne, kuma sun canza abin da suka tarar. Wanda ya hana a karanta Ramanujan da sunan kare al'ada, rabin al'adar ya rufe wa ƙofa.

Da na je hutu na faɗa wa goggo cewa fim ɗinta tsohuwar waƙar Hindu ce mai shekara fiye da dubu biyu, da aljani mai kai goma da birai masu gina gada a teku. Ta dube ni ta ce, "Kai ɗan nan, wane biri kuma? Ai labarin ɗan kishiya ne." Daga nan ta sake ba ni shi tun daga farko, har da wani wuri inda uban ya kira matar ya yi mata nasiha da hadisi, wanda na tabbata babu shi a faifan.