Daga Zaren Kaset zuwa Manhaja: Waƙar ta Wace ce Idan ta Tsaya?

Kowane zamani na sauraron waƙa a ƙasar Hausa ya zo da irin tasa tangarɗar. Abin da ya riƙa sauyawa shi ne wanda ke da ikon gyara ta.

Kamfanin Philips ya fito da kaset a 1963, kuma cikin shekarun 1970 da 1980 rikoda ta mamaye zauruka da tashoshin mota. Kasuwar Ƙofar Wambai ta Kano ta zama cibiyar kwafa, kamar yadda Brian Larkin ya nuna a littafinsa Signal and Noise na 2008, kuma ta hannun 'yan kasuwa muryoyin Shata da Ɗanƙwairo suka riƙa isa garuruwa irin su Haɗeja da Kafin Hausa. Kwafi a kan kwafi na dusashe murya, ƙurar hunturu na toshe kan rikoda, batir kuwa in ya yi sanyi sai kiɗa ya hau jan ƙafa. Amma duk wannan a hannu ake magance shi: biro ya naɗe zaren da ya harɗe, auduga ta goge kai.

Bayan zuwan wayar salula a 2001, masu tura waƙa a kasuwa suka gaji masu kwafa, memori ya gaji kaset. Har a lokacin, abin da ka saya naka ne.

Boomplay ta fara aiki a 2015, Spotify ta iso Nijeriya a 2021. Alfanunsu a fili yake ga mutanen fadamar Haɗeja: ambaliya irin ta 2022 na iya cinye akwatin kaset, amma ba ta taɓa jerin waƙoƙin da ke ajiye a asusun mutum. Sai dai matsalar ta koma inda hannu ba ya kai. Waƙar da aka adana a waya ba ta bayyana a kwamfuta sai na'urorin biyu sun hau intanet da asusu ɗaya. Spotify na ɗauke abin da aka sauke idan aka wuce kwana 30 ba a hau ba. Waƙa kan ɓace idan yarjejeniyar mai haƙƙinta ta ƙare. Manomin da sabis ke yanke masa a gona bai yi kuskure ba da ya riƙe memorinsa, domin mai sauraron manhaja ɗan haya ne.

Saboda haka duk mai tsohon kaset a gida ya mayar da shi kwamfuta, ya rubuta sunan mawaƙi da na waƙa daidai, ya ajiye kwafi biyu. Abin da ba mu adana ba, babu manhajar da za ta dawo mana da shi.