Saksafon: Tarihin Kiɗan da Aka Rubuta Masa

Saksafon abin busa ne na tagulla, siriri daga wajen baki, yana faɗi har ya buɗe kamar mazurari. Adolphe Sax, maƙerin kayan kiɗa ɗan ƙasar Beljiyam, shi ya ƙirƙiro shi, ya yi masa rajista a Faris ranar 28 ga Yuni 1846. Mutumin Garwa ta Kamaru ya fi saninsa a bakin Manu Dibango, ko a hannun 'yan badujala ranar faretin ƙasa na 20 ga Mayu. Amma yana da wani tarihin da ba a cika ba da labarinsa a nan ba, wato na kiɗan da masu tsara kiɗa suka zauna suka rubuta masa a takarda, don a busa a zauren da mutane ke zama tsit suna saurare, babu rawa babu liƙi. Irin wannan kiɗa shi ake kira kilasik.

Wanda ya taɓa tsayawa ƙofar fadar Lamiɗon Garwa ranar sallah ba zai sha wuyar gane matsalar saksafon ba. Can za ka ga mai algaita, kumatu sun cika fam, leɓɓa sun manne da ɗan faifan ƙarfen da ke bakin algaitar, yana jan numfashi ta hanci yayin da iskar da ya tara a kumatu ke ci gaba da fita, don haka sautin ba ya yankewa. Bai fito neman abin da zai busa ba. Lamiɗo na da takensa, manyan fada na da nasu, mahaya na da nasu, kuma duk ya gaje su daga wanda ya koya masa. Tun da Modibbo Haman Njundi ya kafa masarautar a farkon ƙarni na 19, ƙarƙashin tutar Modibbo Adama, fadojin Fulanin wannan yanki suka ɗauki algaita da kakaki irin na fadojin Hausa da Barno. Algaita tana da ubangida, tana da gado.

Saksafon kuwa maraya ya zo duniya. Bach ya mutu a 1750, Mozart a 1791, Beethoven a 1827. Duk manyan da suka bar wa goge da fiyano da sarewar Turawa dukiyar kiɗa sun riga sun tafi kafin a ƙera shi. Tarihin kiɗansa na kilasik, in an taƙaita, labarin neman ubangida ne.

Zamanin Sax

An haifi Sax a garin Dinant ranar 6 ga Nuwamba 1814, ya koma Faris a 1842. Dabararsa ita ce ya ɗauki bakin kilarinet mai ɗan harshen kara guda ɗaya ya haɗa da jikin tagulla. A nan ya bambanta da algaita, wadda harshenta biyu ne, jikinta kuma itace ne da aka naɗe da fata. 'Yar'uwar algaita a Turai ita ce obo, ba saksafon ba, ko da yake kunne kan ruɗe. Hector Berlioz ya yabi sabon abin busan a jarida tun 1842, kuma a Fabrairun 1844 aka ji shi a bainar jama'a cikin wani kiɗan Berlioz, Sax da kansa ke busawa.

Ubangidansa na farko soja ne. A Afrilun 1845 aka shirya gasa a filin Champ de Mars tsakanin badujalar da Sax ya tsara da ta tsohon yayi, a gaban dubban 'yan kallo. Sax ya ci, sojan Faransa ya karɓi kayansa. Nasarar ta ciyar da shi, ta kuma jawo masa baƙin jini: abokan sana'a suka yi ta kai shi kotu, ya karye har sau uku, manyan makaɗan okestira kuma suka ɗauki saksafon a matsayin kayan bariki.

Da ya ga babu mai rubuta masa kiɗa, sai Sax ya buɗe ɗab'i, ya sa abokansa su rubuta shi kuma ya buga. Daga nan aka sami kiɗan mabusa huɗu na Jean-Baptiste Singelée na 1857, da Fantaisie ta Jules Demersseman ta 1860, waɗanda ɗalibai ke busawa har yau. Gaskiya ba manyan ayyuka ba ne, kiɗan nuna gwaninta ne da tallar haja. Sax ya koyar da sojoji a ajin da ke jingine da babbar makarantar kiɗa ta Faris daga 1857 zuwa 1870, aka rufe ajin a shekarar da Faransa ta gwabza da Jamusawa ta sha kashi. Ya mutu a 1894 cikin talauci.

A okestira dai saksafon baƙo ya zama, ana gayyatarsa ya yi magana ɗaya ya koma gefe. Haka Bizet ya yi da shi a L'Arlésienne a 1872, haka Massenet a Werther a 1892. Ravel ya ba shi waƙar tsohuwar fada lokacin da ya mayar da Hotunan Baje Koli na Mussorgsky kiɗan okestira a 1922, ya sake kiransa a Boléro a 1928. Rachmaninoff ya ba shi doguwar waƙa mai ratsa zuciya a aikinsa na ƙarshe a 1940. Minti biyu ko uku, sai mabushin ya ɗora abinsa a cinya har a tashi.

Matar da ta biya

Ubangida na biyu mace ce, kuma labarinta ya fi na kowa daɗi. Elise Hall, attajira a birnin Boston na Amurka, ta fara rasa ji, mijinta wanda likita ne ya ba ta shawarar ta riƙa busa wani abu. Ta ɗauki saksafon da girmanta, ta duba ta ga babu abin kirki da za ta busa, sai ta buɗe jaka. Daga wajen 1900 ta yi ta aika kuɗi ga masu tsara kiɗa, yawancinsu Faransawa, har ta tara ayyuka kimanin ashirin. Vincent d'Indy ya rubuta mata Choral varié a 1903, André Caplet da Florent Schmitt kowanne ya rubuta mata Légende.

Claude Debussy ya karɓi kuɗinta a 1901, ya cinye, ya shiga jan ƙafa irin na telan sallah. A wasiƙunsa yana ambatonta da ba'a, yana kuma nuna bai san kan abin busan ba. Har ya mutu a 1918 bai kammala tsara wa okestira nata kason ba. Abokinsa Jean Roger-Ducasse ne ya ƙarasa, aka fara busa kiɗan, mai suna Rapsodie, a Faris a 1919, a bakin wani, ba ita ba. Hall ta rasu a 1924. Mutanen zamaninta sun yi mata dariya, amma ba don kuɗinta ba da saksafon bai da ko shafi guda mai ɗauke da sunan Debussy.

Raschèr da Mule

Abin da ake kira ginshiƙin kiɗan saksafon a yau kusan duk an rubuta shi ne tsakanin 1930 da 1960, kuma mutum biyu suka jawo shi. Dukansu sun rasu a 2001.

Sigurd Raschèr, haifaffen Jamus a 1907, naci ne makaminsa. Yakan je wurin mai tsara kiɗa ya busa masa har sai ya amsa. Haka ya yi wa Alexander Glazunov, tsohon shugaban makarantar kiɗa ta Petersburg, wanda ya bar Rasha ya tare a Faris yana fama da tsufa. Glazunov ya rubuta masa konceto, wato kiɗan da gwani ɗaya ke jagora okestira na amsa masa, Raschèr ya fara busa shi a Nyköping ta ƙasar Suwidin ranar 25 ga Nuwamba 1934. Shi ne konceton saksafon da aka fi busawa a duniya, kuma yana cikin ayyukan Glazunov na ƙarshe, don ya mutu a 1936. A 1934 ɗin Lars-Erik Larsson ya rubuta masa nasa, a 1935 Jacques Ibert ya rubuta Concertino da camera na saksafon da kayan kiɗa goma sha ɗaya, a 1938 Frank Martin ya rubuta Ballade. Yatsu kaɗai suna kai saksafon hawan murya biyu da rabi. Raschèr ya nuna cewa da sarrafa maƙogwaro da harshe ana haura wannan da nisa, ya rubuta littafi a kai a 1941, ya sa aka riƙa rubuta masa sautukan sama da sauran mabusa suka daɗe suna cewa ba su busuwa.

Barin Jamus ya zame masa dole. 'Yan Nazi sun ɗauki saksafon kayan baƙar fata da Yahudawa. A 1938, a baje kolin da suka shirya a Düsseldorf don tozarta kiɗan da suka kira gurɓatacce, hoton da suka manna a bango zanen wulaƙanci ne na baƙin mutum yana busa saksafon, da tauraron Yahudawa a ƙirji. Raschèr ya bi ta Denmak da Suwidin, ya ƙare a Amurka.

Marcel Mule, Bafaranshe haifaffen 1901, ta ƙofar hukuma ya bi. Ya shiga badujalar dogaran jamhuriya a 1923, ya kafa ƙungiyar mabusa huɗu a 1928, wadda Glazunov ya rubuta wa kiɗa a 1932. Karkarwar murya da ya koya a wuraren rawa ita ya gyara ya shigar cikin kilasik, ta zama alamar salon Faransa. A 1942, Faris na hannun Jamusawa, aka sake buɗe ajin saksafon bayan shekara 72, aka damƙa masa. Wannan aji shi ne fadar da saksafon ya daɗe yana nema, domin makarantar kan sa a rubuta sabon kiɗa don jarrabawar ƙarshen shekara. Ta haka aka sami konceton Henri Tomasi a 1949 da Prélude, cadence et finale na Alfred Desenclos a 1956. Paule Maurice, mace a cikin maza, ta rubuta masa Tableaux de Provence, Villa-Lobos na Brazil ya sadaukar masa da Fantasia a 1948. Daniel Deffayet ya gaje shi a 1968, Claude Delangle ya karɓa a 1988.

A Amurka Paul Creston ya rubuta wa Cecil Leeson sonata a 1939, Larry Teal ya fara koyarwa a Jami'ar Michigan a 1953, aka yi taron mabusa saksafon na duniya na farko a Chicago a 1969. Bayan nan kiɗan ya yawaita har ya fi ƙarfin lissafi. Sonatar Edison Denisov ta 1970, wadda ya rubuta wa Jean-Marie Londeix, ita ta buɗe ƙofar fitar da sauti biyu ko uku a busa ɗaya. Ryo Noda ya kawo salon sarewar gorar Japan. Garin Dinant ya fara gasar duniya da sunan Sax a 1994, John Adams ya rubuta nasa konceton a 2013. Galibin wannan duka na saksafon alto ne. Sofirano da tena da baritan sun fi samun aiki cikin ƙungiyar huɗu.

Afirka a ciki

Afirka ta shiga wannan kundi tun da wuri, amma ta bayan gida. Darius Milhaud ya ji jaz a unguwar Harlem a 1922, ya dawo ya rubuta La création du monde, aka nuna a Faris a 1923. Labarin halittar duniya ne da marubuci Blaise Cendrars ya tsinto daga tatsuniyoyin Afirka, saksafon ne kuma ke buɗe shi. Kiɗa ne mai kyau, sai dai Afirkar cikinsa ta littafi ce.

A nahiyar kanta saksafon ya sauka ne ta bariki da tashar jirgin ruwa, ya wuce gidajen rawa, ya sami gwanaye irin su E. T. Mensah a Gana da Fela Kuti a Legas. Na Kamaru shi ne Emmanuel Dibango, wato Manu, haifaffen Duwala ranar 12 ga Disamba 1933. An tura shi karatu Faransa a 1949 da kilo uku na kofi a jaka don biyan masauki, ya dawo da saksafon. Soul Makossa, wadda ta zagaya duniya, a bayan faifan waƙar gasar cin kofin Afirka ta 1972 aka saka ta. Dibango bai bi hanyar Mule ba, bai jira wani ya rubuta masa ba. Da ya hau dandamali da cikakkiyar okestira a 2019, cikin shirin da ya kira Safari Symphonique, nasa kiɗan okestirar ta bi. Cutar korona ta ɗauke shi a Faransa ranar 24 ga Maris 2020.

Akwai kuma Christian Lauba, haifaffen Sfax ta Tunisiya a 1952, wanda ya yi aiki da ajin Londeix a Bordeaux. A shekarun 1990 ya rubuta darussa tara na saksafon, wasu da sunaye irin su Savane da Sanza, suka zama ma'aunin gwaninta a manyan gasa. Na farkonsu, Balafon, yana bukatar dogon sauti da ba ya yankewa, wato numfashin nan na mai algaita. Ɗalibin da ke shirin busa shi yakan fara ne da kofin ruwa da tsinken shan lemo: ya cika kumatu, ya riƙa hura kumfa, ya yi ƙoƙarin jan iska ta hanci ba tare da kumfar ta tsaya ba. A makonnin farko yawanci shaƙewa yake yi, ruwan ya fantsamo masa a riga.