Masana'antar sukari a Najeriya

Najeriya na cikin ƙasashen Afirka da suka fi shan sukari, inda ake amfani da fiye da tan miliyan ɗaya da rabi a kowace shekara. Sai dai abin da ake samu daga raken da aka noma a cikin ƙasar bai kai kashi biyar cikin ɗari na wannan adadi ba.

Sauran duk daga waje ake shigo da shi, akasari daga Brazil, a matsayin ɗanyen sukari, sannan a tace shi a matatun da ke bakin teku a Legas da Fatakwal. Wato yawancin buhunan da ake gani a kasuwar Singa ta Kano masu tambarin kamfanonin gida, tacewa kawai aka yi a Najeriya, amma raken a wata nahiya aka shuka shi.

Tarihi

Noman rake ba baƙo ba ne a arewacin ƙasar. An daɗe ana shuka shi a fadamu, musamman a yankin Maƙarfi da kewaye, ana shan sa ɗanye ko kuma a matse a dafa ruwan ya zama mazarƙwaila. Amma wannan rake mai taushi na sha ne, ya bambanta da wanda masana'antu ke buƙata, mai tauri da yawan sukari.

Masana'anta ta farko ita ce ta Bacita, a jihar Kwara ta yanzu, wadda ta soma aiki a 1964. Daga baya gwamnatin tarayya ta kafa kamfanin Savannah a Numan, jihar Adamawa, wanda ya fara fitar da sukari a 1980, aka kuma gina madatsar ruwa ta Kiri a kan kogin Gongola domin shayar da gonakinsa.

Dukkansu biyu sun durƙushe a hannun gwamnati. Injuna sun tsufa, kuɗin gyara ya yi wuya, sukarin waje kuma ya fi araha. A 1993 aka kafa Majalisar Bunƙasa Sukari ta Ƙasa, amma hakan bai hana masana'antun tsayawa ba. A farkon shekarun 2000 aka sayar da Savannah ga kamfanin Dangote, wanda a lokacin ya riga ya buɗe matatarsa a Apapa.

Shirin dogaro da kai

A 2012 gwamnatin Shugaba Goodluck Jonathan ta amince da wani shiri na shekaru goma, da nufin ƙasar ta riƙa samar da kusan tan miliyan 1.8 a shekara daga gonakinta.

Tsarin ya ginu ne a kan musaya. Gwamnati na bai wa manyan kamfanoni uku, wato Dangote da BUA da Flour Mills mai Golden Sugar, kason ɗanyen sukarin da za su shigo da shi bisa haraji mai rangwame, su kuma su zuba jari a noman rake. Duk wanda ba ya cikin tsarin, harajin da zai biya ya isa ya hana shi shiga kasuwar.

An ga wasu ayyuka. A 2018 Shugaba Muhammadu Buhari ya ƙaddamar da masana'antar Sunti ta Flour Mills a jihar Neja, BUA na da gonaki a Lafiagi, Dangote kuma ya faɗaɗa Numan tare da buɗe wasu filaye a Tunga, jihar Nasarawa. Duk da haka wa'adin ya cika ba a ko kusanci adadin da aka yi alkawari ba, kuma a 2022 aka tsawaita shirin da wasu shekaru goma.

Masu suka na cewa tsarin ya ba kamfanoni uku kasuwa ba tare da gasa ba, alhali ribar tace sukarin Brazil ta fi sauri da tabbas a kan ta noma. A 2021 saɓani tsakanin kamfanonin ya fito fili, lokacin da Dangote da Flour Mills suka kai ƙorafi ga gwamnati kan matatar BUA ta Fatakwal, ana gab da azumi, watan da buƙatar sukari ke ƙaruwa saboda kunu da koko da shayi.

Abin da ya sa noman ke da wuya

Rake na ɗaukar kusan shekara guda kafin ya nuna, kuma yana shan ruwa ƙwarai, don haka a arewa sai da ban-ruwa. Ana buƙatar kimanin tan goma na rake kafin a samu tan ɗaya na sukari. Idan aka sare shi kuwa, dole a matse cikin kwana ɗaya ko biyu, in ba haka ba zaƙin ya soma lalacewa. Wannan ne ya sa masana'anta ba ta yin nisa da gona, kuma kowace na buƙatar dubban kadada a haɗe, da hanyoyi da magudanan ruwa, tun kafin a sayar da buhu ɗaya.

A nan ne batun ƙasa ke shigowa. Filayen da suka dace da rake su ne na bakin kogi, inda manoma ke shuka shinkafa, makiyaya ke kiwo da rani, masunta kuma ke kamun kifi. A jihar Jigawa, manoman yankin Gagarawa sun yi shekaru suna adawa da ba wani kamfani filayensu domin noman rake, suna cewa diyyar ba ta kai darajar gonakin gado ba. Waɗannan filaye kuma su ne ambaliya ke fara ci idan kogunan Neja da Binuwai suka cika.

Masana na nuni da cewa rake ba sukari kaɗai yake bayarwa ba. A Brazil ana ƙona tuƙar da ta rage a samar da wutar lantarki, ana kuma yin man ethanol da motoci ke sha, abin da ke rage wa masana'anta dogaro da farashin sukari kawai.

Faɗuwar darajar naira bayan sauya tsarin canji a watan Yunin 2023 ta nuna haɗarin dogaro da waje. Tun da da dala ake sayen ɗanyen sukarin, farashin buhu ya yi tashin gwauron zabi a kasuwanni, kamfanin sukari na Dangote kuma ya bayyana asarar biliyoyin naira a 2023 da 2024.