Fred Risser

Fred Risser tsohon ɗan siyasa ne na jam'iyyar Dimokurat a Amurka, an haife shi a birnin Madison na jihar Wisconsin a 1927. Ya yi aikin sojan ruwa a Yaƙin Duniya na Biyu, sannan ya karanci shari'a. Ya shiga majalisar wakilan jiharsa a 1957, ya koma majalisar dattawa a 1962, ya zauna a can har zuwa 2021. Shekara 64 ke nan, kuma a tarihin Amurka babu ɗan majalisar jiha da ya kai shi daɗewa. Mahaifinsa da kakansa da mahaifin kakan nasa duk sun taɓa zama a majalisar Wisconsin.

Rayuwarsa hujja ce cewa daɗewa a majalisa tana da amfani idan mutum ya riƙe manufa. Ya shafe shekaru yana fafutukar hana shan taba a wuraren aiki da gidajen abinci, sai a 2009 dokar ta samu amincewa, ta fara aiki a 2010. Wanda wa'adinsa ya taƙaita da tuni ya tafi kafin aikin ya nuna. Masu suka na cewa irin wannan zama yana toshe wa matasa hanya, kuma ƙorafin yana da tushe. Amma Wisconsin ba ta ƙayyade wa'adin 'yan majalisa ba, kuma kowane zango sai da mutanen Madison suka sake kaɗa masa ƙuri'a. Haƙƙin sallamarsa yana hannunsu, su ne suka zaɓi su riƙe shi.