Fatih Akin: Ɗan Ci-rani Da Ya Rubuta Unguwarsu

Wannan makon za mu leƙa Jamus, mu dubi tarihin Fatih Akin, darakta kuma marubucin labarin fim.

A shekarar 1961 Jamus ta Yamma ta ƙulla yarjejeniya da Turkiyya domin ɗauko ma'aikata zuwa masana'antunta. An ɗauka za su yi 'yan shekaru su koma gida, sai da yawa suka zauna, suka hayayyafa. Iyayen Akin na cikinsu. An haife shi a Hamburg a 1973, ya tashi a unguwar Altona mai cike da baƙi, kuma a makarantar zane da fasaha ta birnin ya yi karatu.

Fim ɗinsa na farko mai tsawo, Kurz und schmerzlos (1998), a Altona ya ajiye shi. Abokai uku ne: Baturke, Bagirke da ɗan Sabiya, suna fama da ƙananan laifuka da neman na kai. Kafin lokacin, yawancin finafinan da ake yi a kan Turkawan Jamus abin tausayi suke mai da su. Shi kuwa ya nuna su yadda ya san su, da barkwancinsu da wautarsu.

Sunansa ya fita duniya da Gegen die Wand (2004), wanda ya lashe babbar kyautar bikin finafinai na Berlin, karo na farko da fim ɗin Jamus ya ci ta cikin shekara 18. Sibel budurwa ce da gidansu ya yi wa ƙunci, ta roƙi Cahit, wani Baturke mashayi da ya fid da rai da rayuwa, ya aure ta auren suna kawai don ta sami fita. Daga baya so na gaskiya ya shiga, kuma shi ya jawo musifar. Akin bai wanke kowa ba. Ya nuna tsananin 'yan'uwan Sibel, ya kuma nuna yadda 'yancin da take nema ya kusa hallaka ta.

Ga mai koyon tsara labari, Auf der anderen Seite (2007) ya fi dacewa da nazari, domin shi ya ci kyautar rubutu a bikin Cannes na Faransa. Mutum shida ne, iyaye uku da 'ya'yansu uku, tsakanin Jamus da Turkiyya. Kan babi na farko da na biyu ya faɗi ƙarara wadda za ta mutu a ciki. Tunda an san ƙarshen, hankalin mai kallo sai ya koma kan yadda abin zai faru da halin da waɗanda aka bari za su shiga. Akwatin gawa ɗaya ya tafi Istanbul daga Jamus, wani ya biyo hanyar ya dawo. Nejat, wanda ya yanke hulɗa da mahaifinsa saboda ya yi kisa, ranar Babbar Sallah ce zuciyarsa ta sauko, yana ba wata Bajamusa labarin Annabi Ibrahim da ɗansa. Fim ɗin ya ƙare yana zaune a bakin teku yana jiran tsohon ya dawo daga kamun kifi. Ba a nuna haɗuwarsu ba.

Sau biyu ya taɓa inda ke da ciwo. The Cut (2014) ya yi magana kan kisan kiyashin Armeniyawa na 1915, batun da gwamnatin Turkiyya ba ta yarda a kira shi da wannan suna ba. Aus dem Nichts (2017) kuma ya juya kan Jamus. Tsakanin 2000 da 2007 ƙungiyar 'yan wariyar launin fata ta NSU ta kashe mutum 10, takwas daga ciki 'yan asalin Turkiyya, amma 'yan sanda suka daɗe suna zargin mamatan da danginsu, sai a 2011 asiri ya tonu. Akin ya ɗauki wannan ya sa shi a kan mace guda, Katja, wadda bam ya kashe mata miji da ɗa. Fim ɗin ya sami kyautar Golden Globe a 2018.

Abin ɗauka a nan, Akin bai jira babban jigo ya zo masa daga nesa ba. Da mutanen layinsu ya fara, ya faɗi aibinsu ba tare da ya ƙi su ba, kuma duk lokacin da tarihi ya yi girma sai ya ɗora shi a kan mutum ɗaya ko gida ɗaya. Mai rubutu a kan Sabon Gari, ko zangon Kumasi, ko Hausawan Sudan, yana da irin wannan kayan aiki a hannu.

Aikin wannan mako: rubuta shafi ɗaya da layinsa na farko zai faɗi yadda labarin zai ƙare, sannan ka riƙe mu har ƙasa. Muna jira.